Dokin Kaka

Tun kafin Auta ta iya ɗaure igiyar takalminta ta iya wasan ches, wato darar Turawa. Kakanta ne ya koya mata, a kan wani tsohon allo da ke ɗakinsa. Soja ɗaya cikin 'ya'yan wasan ya ɓace tuntuni, sai suka sa murfin kwalba a madadinsa.

Yarinyar akwai kai. Tana aji uku ta cinye 'yan makarantarsu kaf, har da malamin lissafi, wanda ya ce wai ciwon kai ne ya dame shi ranar. Mutum ɗaya ne ya gagare ta, shi ne Kaka. Ga shi kuwa idonsa ya yi rauni, sai ya laluba kafin ya kama doki.

Wata rana da yamma, dokin Kaka ya ritsa sarauniyarta. Da ya juya zai sha ruwa, Auta ta sa ɗan yatsa ta ture dokin gida ɗaya. Ta ci wasan. Kaka ya tattara kayan wasan.

Washegari ta tarar an ɗora allon a saman kabad. Kaka ya ce ya gaji. Kullum ta zo, amsar ke nan. Abin ya dami Auta ƙwarai, ko abinci ba ta iya ci sosai.

"Ke da mutumin naki lafiya kuwa?" in ji Mama.

Auta ta fashe da kuka, ta faɗa mata komai. Mama ta ce ai ba ita za ta ba haƙuri ba, ga ƙofar Kaka can a buɗe.

Ta shiga ta durƙusa. "Kaka, ni na ture maka doki. Ka yafe mini."

"Na sani, Auta," ya ce. "Allona yana cikin kaina, hannunki ba ya kaiwa can. Ba cin da kika yi mini ne ya ɓata mini rai ba. Ke ce idona a kan allon nan. In ido ya yi wa mutum ƙarya, da me zai gani?"

Ya yafe mata, amma bai sauko da allon ba. Ya ce ta rufe ido su buga da baki, kowa ya faɗi inda ya kai kayansa. Da farko ta sha kashi, tana ta manta inda ta ajiye sarkinta. Kaka yana dariya yana cewa sarkin ya tafi yawo ne. A hankali allon ya zauna daram a kanta.

Auta ta girma tana zuwa gasa ƙasa-ƙasa. Takan kara da mutane da yawa lokaci guda, idonta a ɗaure, ta cinye su. Ba a taɓa kama ta da maguɗi ba. Tun ba ta gama jami'a ba aka ba ta matsayin babbar gwana, wanda babu sama da shi a wasan.

Ranar da ta dawo gida, ɗakin Kaka ta fara shiga. Yanzu ba ya gani ko kaɗan.

"Babbar gwana, sauko da allon," ya ce. "Ina dokina?"

Ta kama hannunsa ta ɗora a kai. "Yana inda ka bar shi, Kaka."

Gwaninta abu ne mai kyau, yara, amma sai da amana take yin daraja.