Hannun Surajo

Kafin Dokta Abdulbaqi ya gama juyowa, wuƙa na wuyansa.

"Yalla, buɗe durowar," in ji Ɗanbaba, ogan su ukun. "Ka yi ihu, khalas, taka ta ƙare."

Azahar ce, zafin ƙasar Larabawa ya kora kowa ɗaki a unguwar Ain Khaled. Mansur na gadin ƙofa. Surajo kuwa ya lafe jikin bango, fuska a rufe. Shekara shida yana tuƙa Dokta, kuma shi ya ba su makulli. Abu biyu ya roƙa: kada a gane shi, kada a taɓa dattijon.

Dokta malamin jami'a ne, rayuwarsa kaf ta ƙare a tara littattafan da aka fara bugawa da inji. Ya buɗe durowar. Ga shi nan, littafin Larabci mai shekara ɗari biyar, wanda wani dillali ya yi wa Ɗanbaba alkawarin saye.

Ɗanbaba ya fizgo shi ta bango ɗaya kamar mai ɗaukar kaza. Ɗinkin ya yi ƙara.

Surajo bai yi shawara da kansa ba. Ya zabura, ya goge tafukansa a riga, ya tallabo littafin ta ƙasa, ya rufe shi a hankali. Haka Dokta ya koya masa duk ranar da za su kai shi nazari. Wawa, ya rufe fuska ya manta da hannu.

Dokta ya dubi hannun. Muryarsa ko rawa ba ta yi.

"Surajo, kai ne?"

Ɗanbaba ya ɗaga ƙarfen kwance taya — tim! Dattijon ya zube.

"Oga, ba haka muka yi ba!"

"Kai ka jawo. Mota!"

A saman bene, Hajiya Haulat, matar Dokta, ta ji sunan ta bayan ƙofa. Ba su kai titin bakin teku na Corniche ba ta riga ta faɗa wa 'yan sanda. Lambar motar ta shiga kowace kyamara a gari.

A wani tsohon ɗaki a unguwar Al Asmakh, Ɗanbaba ya zaro reza.

"Me za ka yi?" Surajo ya tambaya.

"Dillali ya ce ganye-ganye yake so, shafi-shafi. Cikakke ba ya saiduwa, an san shi."

Surajo ya yi kansa. Mansur ya maƙure shi ta baya. Yana ji yana gani reza ta bi gindin littafin, shafi bayan shafi. Abin da ya tsallake gobara da gara shekara ɗari biyar ya ƙare cikin minti goma. Surajo ya yi kuka kamar an yanka ɗansa.

"Kai an riga an san sunanka, ɗan'uwa," in ji Ɗanbaba. Ya jefa masa bangon da ba komai ciki. "Ga rabonka."

Suka fita, suka datse ƙofar da kwaɗo ta waje.

La'asar 'yan sanda suka ɓalle ta. Sun tarar da shi a durƙushe yana tsince guntayen zare daga ƙasa. Sauran biyun a filin jirgi aka kama su, amma ganyen sun riga sun watse a hannun dillali, ko ɗaya ba a samu ba.

Washegari a ofishin 'yan sanda aka kawo tafinta, wani Bakano mai suna Shamsudeen.

"Don Allah, Dokta ya farfaɗo?" Surajo ya tambaye shi.

"Ya farfaɗo na ɗan lokaci. Sun tambaye shi wa ya gani, ya ce bai gane kowa ba." Shamsudeen ya kawar da kai. "An jima kaɗan za a yi masa salla."