Tabarau ɗin Inna

Ruwa kawai na fita ɗebowa. Babbar rana ta faɗi, ƙaramar tana shirin bin ta, na ɗauki jarka na nufi famfo. A wannan duniyar mai rana biyu da kamfanin haƙar ma'adinai ya kwaso mu ya zube, famfo ɗaya ne ga unguwa guda, shi ma ba su tashi kafa shi ba sai a gindin tsaunin ƙwarin ƙarau.

Ƙwarin nan ba su wuce tafin hannu ba, jikinsu garau, kana hango ƙasa ta cikinsu. Kamfani ya ce duwatsu ne masu motsi, ba su da hankali. Da wannan maganar Yayana, mai goge gilashi a ma'aikata, ya tsinto ƙarami ɗaya, ya raba shi biyu, ya goge, ya yi wa Inna tabarau. Inna da ta daɗe tana lalube, ranar har zare ta zura a allura tana dariya. Shi kuwa gwanin, jirgi na gaba ya bi ya koma gida, wai zai aiko a ɗauke mu. Mun ga aike.

Na kunna famfo. Ruwa na zuba, sai na ji ƙauri, irin na wayar wuta in ta ƙone.

Sai ƙara. Ƙil. Ƙil. Kamar cokali a bakin kofi.

Na kashe famfon. Ƙarar ba ta tsaya ba.

Na duba ƙasa. Abin da na ɗauka tsakuwa ce duk ya miƙe a kan ƙafafu. Ƙwarin sun kewaye ni, sun bar hanya ɗaya tak, wadda ta nufi gidanmu.

Ɗaya ya hau ƙafata. Sanyinsa har cikin ƙashi. Ya bi zanena, ya bi hannuna, ya tsaya a kafaɗa. Jikinsa ya yi rawa, sai murya ta fito, muryar Yaya sak, ƙasa-ƙasa:

"Wannan zai yi wa Inna daidai."

Ashe suna nan ranar da ya tsince shi. Sun ji, sun adana.

Ya matso kuncina. Ya ɗora siririyar ƙafarsa a ƙasan idona na dama, ya danna kaɗan. Ya koma na hagu, ya danna.

"Namu," in ji muryar. "Kawo."

Jarkar ma ban san inda na yar da ita ba. Ina gudu ƙarar tana bina, ba sauri, ba tsayawa.

Na tarar da Inna a bakin gado tana ɗinke rigar Yaya, wadda ya bari. Na kai hannu fuskarta zan cire tabarau ɗin, ta riƙe ni gam, da ƙarfin da ban san tana da shi ba.

"Kada ki yi min haka," ta ce a hankali.

"Inna, ko shi, ko idanuna."

Ƙil. A bakin ƙofa.

Ta daɗe tana kallona, tun daga goshi har haɓa. Sannan ta cire shi da kanta. Ta ce dama ta sani, don in tana gogewa tana 'yar waƙarta, ɗumi yake yi a hannunta.

Na ajiye shi a dokin ƙofa. Suka rufe shi ruf. Da suka janye, ƙarfen kawai ya rage. Gilasan biyu sun haɗe, sun zama wani abu karkatacce yana ɗingishi a tsakiyar ƙwarin, suna tafiya a hankali don kada su bar shi baya.

Kamfani har gobe duwatsu yake ce musu. Inna ta koma lalube, allurar tana nan soke a rigar inda ta tsaya. Ni nake ɗaukar mata komai, kuma ba na ɓoyewa, ina jin haushin Yaya har cikin raina.

Yanzu kullum in ƙaramar rana za ta faɗi, waƙar Inna tana saukowa daga tsaunin, da muryarta, wadda ta riƙa yi mana muna goye. Maƙwabta rufe tagogi suke. Ita kuwa sai ta sa in kai ta bakin ƙofa ta zauna.

Jiya ta saurara har aka gama, sannan ta juyo inda take zaton ina tsaye.

"Su dai sun zo neman nasu," ta ce.