Matakalar da Ba Kereama Ya Sara Ba

Glenys ba ta taɓa sha'awar hawa ƙanƙara ba. Mace ce da ta haura sittin, aikinta dafa wa masu askin tumaki abinci a gonakin kudu, kuma a ganinta ƙanƙara abu ne da ake kankarewa daga gilashin mota da sassafe. Ƙawarta Raewyn ce ta matsa mata. Ta kama musu gurbi a tafiyar la'asar, ta hana ta sakat har ta yarda.

"Ke dai taso, gobe war haka muna gida," in ji Raewyn. "Bridie ba za ta haihu a bayan idonki ba. Cikin fari ai nawa yake yi."

Bridie ita kaɗai Allah ya bai wa Glenys, ga shi ta shiga watan haihuwarta. Glenys ta yi mata alkawari cewa ita za ta fara karɓar jaririn daga hannun ungozoma. Da wannan alkawarin a ranta ta shiga jirgi mai saukar ungulu, ta rintse ido, ba ta buɗe ba sai da aka sauke su a tsakiyar kogin ƙanƙara, wanda ya daskare a wani kwari tsakanin duwatsu.

Jagoransu Kereama ne, Bamaori, ɗan ƙabilar da ta fara zama a ƙasar, gajere mai faɗin ƙirji, gemunsa ya fara furfura. Ya durƙusa ya ɗaura mata ƙarafuna masu haƙora a ƙarƙashin takalmi, ya ja maɗaurin ya ƙulle.

"Anti, ki buɗe ƙafa kamar kin sauko daga kan doki. Ki riƙa take ƙasa da ƙarfi, kamar mai gidanki ya ɓata miki rai."

"Ya rasu," in ji Glenys.

"To, kamar da can."

Raewyn ta yi dariya har da riƙe ciki. Kereama ya miƙe ya saɓa gatarinsa, ya dubi 'yan tsirarun mutanen da zai jagoranta ɗaya bayan ɗaya.

"Ni ne a gaba, ina sara muku matakala. Inda na sara, nan za ku taka, kada wanda ya yi gaban kansa. In wani abu ya tsayar da mutum, ya ɗaga murya ya kira ni. Ba abin kunya ba ne."

Wannan maganar ta ƙarshe asararta ya yi. Mutanenmu na kudu, ko ƙafar mutum ta karye, "ba komai" zai ce maka yana murmushi. Glenys kuwa ta fi kowa. Matar da ta taɓa ƙonewa da tafasasshen mai ta ɗaure hannu da tsumma ta gama soya wa maza abincin rana, ita ce za ta tsayar da jama'a saboda kanta? Ta gyaɗa kai kawai, ta koma ƙarshen layi don kada nawarta ta dami kowa.

Da farko abin ya ba ta sha'awa, ko da yake ba ta faɗa ba. Gatarin Kereama yana sauka, ƙwas, ƙwas, ɓarɓashin ƙanƙara yana fallatsa kamar fasasshiyar kwalba. Ruwa yana gudu can ƙarƙashin ƙafarsu, ana jin ƙararsa, ba a ganinsa. A bakin wata tsaga Kereama ya miƙo mata hannu ya tsallakar da ita, ta ce na gode, ta leƙa tsagar da ta haura. Shuɗi ne a ciki, irin wanda ba ta taɓa gani a jikin wani tufafi ba. Ta yi saurin ɗauke kai.

Rana ta fara karkata lokacin da gajimare ya taso daga wajen teku, ya biyo kwarin yana hawowa. Kafin a ce me, duwatsun gefe da gefe sun ɓace. Kereama ya yi magana a rediyonsa, ya saurara, ya mayar da ita aljihu.

"Jirgi ba zai iya sauka a cikin wannan ba. Akwai tantuna da abinci da muke ajiyewa can sama kaɗan, can za mu jira. Ku matso kusa da juna. Kowa ya sa ido a bayan na gabansa."

"Kwana za mu yi?" Glenys ta tambaya.

"Ke, Bridie tana nan lafiya lau tana cin biskit a kujera," in ji Raewyn. "Taho mu je, tsohuwa."

Suka ci gaba. Hazo ya rufe su ruf. Glenys ba ta ganin komai sai jar rigar Raewyn a gabanta.

Sai maɗaurin ƙafarta ta dama ya kwance. Ƙarfen ya karkace, ta ji tana santsi. Ta buɗe baki za ta kira, ta fasa. Ɗan abin da ba zai ɗauki lokaci ba, me ya sa za ta tayar wa mutane hankali? Ta cire safar hannun dama ta tura a aljihu, ta sunkuya. Yatsunta sun sandare, maɗaurin ya jiƙe, ya ƙi shiga. Ta yi ta fama har ya shiga.

Da ta ɗago, babu jar riga. Babu kowa.

Fari ta gaba, fari ta baya. Ta tsaya cak. Ko a nan ma ba ta yi ihu ba.

"Raewyn?" ta ce a hankali, kamar mai tashin mara lafiya.

Shiru. Can sai ta ji ƙarar gatari ta hagu. Ƙwas. Ƙwas.

Ta sauke ajiyar zuciya, har da 'yar dariya. Ta juya, ga matakala nan a sare, sabuwa fil, ɗaya na bin ɗaya cikin hazo. Inda aka sara, nan za a taka, haka aka ce mata. Ta taka.

Matakalar ta fi ta ɗazu kyau. Kowace da zurfinta, gefenta a gyare tsaf. Sai dai tsakaninsu da nisa, kamar mai dogayen ƙafafu ne ya auna. Glenys tana miƙa ƙafa tana haki, tana mita a ranta cewa Kereama ya manta akwai tsofaffi a tafiyar.

Ta yi nisa kafin ta lura gangarawa take yi. Ai cewa ya yi tantunan suna sama.

Ƙwas. Ƙwas. Ƙarar tana gabanta kaɗan, ba ta nisa, ba ta matsowa.

Ta dubi ƙasa. Babu ɓarɓashi ko ɗaya a gefen matakalar. Sumul, kamar an lashe.

Bangon ƙanƙara ya taso ta dama da hagu har ya wuce kanta. Hasken wurin ya koma shuɗi. Ƙarar ruwan nan da take ji tun saukarsu ta ɗauke. Sai wani wari ya bugi hancinta, warin da ta sani sarai: jiƙaƙƙen gashin tunkiya, irin na rumfar aski da aka daɗe da kullewa. Da warin tsohuwar igiya da ta ruɓe.

Gatarin ya tsaya.

Mutum ne a gabanta, a matakala ta ƙasa, ya ba ta baya. Dogo. Doguwar rigar ulu, malafa mai faɗin baki, igiya a naɗe a kafaɗa.

"Kereama?"

Ta san ba shi ba ne tun kafin ta rufe baki.

Ya juyo a hankali. Fuskarsa fara ce sol, gashin da ya sauko ƙarƙashin malafar ja ne kamar tsatsa. Bai yi kama da mugu ba. Ya mayar da gatarin hagu, ya miƙo mata hannun dama, tafin a buɗe, daidai yadda Kereama ya yi ɗazu.

To, Glenys dai an yi mata tarbiyya. Mutum ya tsaya ya miƙo maka hannu don ya taimake ka, ba a barin hannun a iska. Kafin hankalinta ya hana ta, ta ɗora nata a kai.

"Na gode," in ji ta.

Sanyin ya ratsa ta har haƙori. Ba irin sanyin ƙanƙara ba ne da ke cizon fata. Wannan ja yake yi, kamar ana zuƙe ɗumin jikinta ta tafin hannu.

"A hankali, baiwar Allah," ya ce da raɗa. "Saura kaɗan."

Numfashinta yana fita kamar hayaƙi. Shi bakinsa babu komai.

Ta leƙa ta saman kafaɗarsa. Matakalar ta ci gaba da gangarawa cikin shuɗin, har inda ido bai kai ba. Kuma a kan kowace akwai mutum a tsaye. Mace da dogon siket irin na kakanni. Saurayi da gajeren wando da jaka a baya. Wani da hular ulu. Duk sun ba ta baya, hannuwa a sake, suna jira a layi.

Matakala ɗaya ce babu kowa, ta bayan mutumin ƙarshe. Daidai faɗin takalminta.

Ya ja ta kaɗan. Ƙafarta ta ɗaga da kanta.

Tsoro ya kama ta, irin wanda ba ta taɓa ji ba. Ta ga Bridie a gadon asibiti tana waiwayen ƙofa, ungozoma riƙe da jariri tana tambayar wa za a miƙa wa.

Glenys ta zauna daɓas. Ta kafa haƙoran takalminta a ƙanƙara. Ta buɗe baki, ta kwarara ihun da ba ta taɓa yi ba tun da aka haife ta.

"Kereama! Wayyo, ku zo! Kereama!"

Mutanen layin suka fara juyowa, ɗaya bayan ɗaya, tun daga can ƙasa.

Hannun ya ƙara matsewa. Ta fara sulalewa, ƙarfen takalminta yana kartar ƙanƙara. Ta sake yin ihu har muryarta ta tsage.

Aka damƙi jakarta ta baya. Kereama ne, yana haki, yana jero addu'a da harshen kakanninsa da ƙarfi. Ya ɓalle murfin fulas da haƙori, ya watsa shayi mai zafi a kan hannuwan biyu.

Tururi ya tashi. Wani abu ya yi ƙara kamar an tsoma garwashi a ruwa. Hannun ya saki.

Suka faɗi da baya. Da Glenys ta ɗago kai, babu matakala, babu kowa. A bakin wata tsaga suke, baƙa ƙirin, dugaduganta suna lilo a kanta, ruwa yana ruri can ƙasa.

Kereama ya ja ta har inda sauran suke. Raewyn ta rungume ta tana kuka tana zaginta. Shi kuwa ya tura wa Glenys dafaffen dankali a baki, ya tsaya a kanta sai da ta haɗiye.

"Irin wanda kika gani, mutanen hazo muke ce musu, ba sa jure abin da wuta ta taɓa," ya ce ƙasa-ƙasa. Ya dubi hannunta. "Anti, faɗa mini gaskiya. Shi ya kama, ko ke kika ba shi?"

"Ni na ba shi."

Ya cire tasa safar hannun ya saka mata, ya kau da kai.

Da gari ya waye hazo ya yaye, jirgi ya zo ya kwashe su. Likita ya duba hannun ya ce lafiyarsa ƙalau, jini yana gudu, yatsu suna motsi. Sai dai bai ƙara ɗumi ba. Ta riƙe shi a kan murhu, ta tsoma shi a ruwan zafi, duk a banza. In ta kwaɓa fulawa da shi, ƙullin ba ya tashi.

Bridie ta jira ta. Ranar da naƙuda ta zo Glenys tana bakin gado, ta cika alkawari. Ungozoma ta naɗe 'yar jaririya a tawul ta miƙo mata, ta karɓa da hannu biyu, hawaye na zuba. Yatsunta na dama suka taɓa ƙeyar yarinyar.

Jaririyar ta ƙame. Ta tsala wani kuka da ya sa ungozoma ta dawo da gudu, leɓɓanta suka yi shuɗi a take. Bridie ta fizge 'yarta ta manna a ƙirji, tana duban uwarta da ido irin na mai tsoro.

Yanzu yarinyar ta fara tafiya, kuma tana son kakarta ƙwarai. Da ta gan ta sai ta taho da gudu tana tangaɗi, ta ɗaga hannuwa a ɗauke ta. Glenys takan durƙusa ta tare ta da hannun hagu. Na daman yana cikin aljihu, a dunƙule, har yarinyar ta sauka.