Mai Gindin Tsamiya

Ranar da aka ja wayar wuta ta bayan gidan Tela, magariba ta gabato amma kaji suka ƙi shiga akurki. Suka taru a bakin ƙofa, suka yi tsit.

Tela bai kula ba, don ransa fari ƙal. Wata biyu ya yi yana ja da kamfanin wuta. Su suka ce ta saman ɗakin kwanansa layin zai bi, shi kuma ya fito da takardar filinsa, ya ce ba mai ratsa masa gida sai an sanar da shi ya yarda. Da suka gaji, suka ce to ya nuna musu hanya. Ya nuna tsohuwar tsamiyar da ke kusurwar fili. Aka sare ta, aka kafa falwaya kusa da kututturen.

Yana rufe keken ɗinkinsa sai dutse ya faɗo a kan kwanon rufi. Can wani ya biyo. Na ukun a tsakar gida ya sauka, a hankali, kamar da hannu aka ajiye shi.

"Wa ya sanar da ni?" in ji wata murya ta tsohuwa tukuf.

Matarsa ta yi tsaki daga kicin. "Ke Auta, ba na son shashanci da magariba."

Ai kowa zai zaci haka. Autarsu ba muryar da ba ta kwaikwaya, ko jiya sai da ta yi musu injiniyan kamfani har da tarinsa. Tela ya juyo da murmushi, murmushin ya daskare. Yarinyar na zaune ta fuskanci bango, idanunta ba sa ƙiftawa, ƙudaje na tafiya a kumatunta.

Kwana uku ba ta ci ba, ba ta kira kowa ba. Da rana shiru. Da inuwa ta miƙe sai duwatsu, sai tambayar nan guda ɗaya.

Rana ta huɗu Tela ya ɗauko malami, wani siririn dattijo marar yawan magana. Malam ya zauna gaban yarinyar yana karatu, har hasken tsakar gida ya yi ja. Sai wuyanta ya juyo, kafaɗunta ba su motsa ba.

"Me kike nema a jikin 'yar mutane?" in ji Malam.

"Ɗaki. An rushe nawa, jikokina na kwana a rana. Wancan mai takarda, ba shi ya ce ba a ratsa gidan mutum sai an sanar da shi ba? A kan reshe nake, na ji shi. Har na ce yau ga mai hankali."



"Yarinyar ba ta sa hannu a komai ba," in ji Malam.

"To wanda ya sa, ya ba ni hannun."

Nan take hannun daman Tela ya yi sanyi tun daga yatsu, ya yi nauyi kamar icce. Hannun almakashi, hannun da gidan ke ci da shi. Ya dubi leɓunan 'yarsa da suka bushe suka tsage.

"Ɗauki, Iya," ya ce. "Ki bar mini ita."



"Me zan yi da hannun tela?" in ji muryar, kamar ta gaji. "Kututturen nawa ne. Kada a tone, kada a ƙona, zai toho. A kewaye mini shi. Duk mai shiga, a faɗa mini kwana uku kafin ya zo."

"An yarda," in ji Malam. "Fita."

Wayar wuta ta yi wani gurnani. Auta ta kife, ta ɗago, ta ce da 'yar muryarta, "Baba, ƙishirwa." Da hannun dama Tela ya miƙa mata kofi.

Bayan wata shida ma'aikatan kamfani suka zo gyara da tsaninsu. Tela ya tare ƙofar shingen da ya kewaye kututturen da shi, ya ce sai nan da kwana uku.

"Haba Maigida, ai mun sanar da kai tun jiya."

"Ni kun sanar da ni," in ji Tela, ya rage murya yana duban ɗanyen tohon da ke bayansa. "Mai wurin fa?"