Majanyin Hanan

Gurasar roti kawai na fita saya. Mijina Zahraddeen yana can jami'a yana fama da karatun digirinsa na uku, ni kuwa ina gida a unguwar Sentul, can ƙasar 'yan Malay, da 'yata Hanan, wata biyar da haihuwa. Ranar ban iya zama ba. In shiga kicin, in fito, in leƙa taga, kamar wadda aka ce ta jira wani. Da na gaji na goya ta, na ƙara ɗaure ta da majanyi, na sauka.

An yi ruwa da la'asar. Maimakon in bi titi zuwa shagon mamak, inda ake sayar da shayi da roti, sai na yanke ta bayan tsohon layin dogo, inda ciyawa ta cinye ƙarafuna. Magariba ta kawo jiki. Ko'ina warin jiƙaƙƙiyar ƙasa da tsatsa.

A nan na gan shi. Ɗan barewa ne, bai fi mage girma ba, kwance cikin ciyawa, jikinsa duk ɗigon fari. Bai gudu ba. Na duba gabas da yamma, babu uwa.

Ni marainiya ce, Gwaggo ta raine ni a Bichi, kuma a gidanta ba a wuce maraya ko na akuya ne. In akuya ta mutu ta bar ɗa, Gwaggo takan goge jikin ɗan wata akuyar da tsumma, ta shafa wa marayan, sai waccan ta shinshina ta karɓe shi ta ba shi nono. Na san wannan sarai. Amma tausayi ya rufe min ido, na kwance majanyin Hanan, mai ƙamshin nono da man jarirai, na naɗe ɗan barewar a ciki na rungume shi. Ban san barewa takan ɓoye ɗanta ta tafi kiwo ta dawo da yamma ba. Ni uwar masu jin ƙai, ashe sata nake yi.

Na yi taku goma. Kwaɗi suka yi tsit.

Ƙwas. Ƙwas. Ƙarar kofato a kan ƙarfen dogo.

Na tsaya, ta tsaya. Na taka, ta taka. Hanan da ke ta gwalan-gwalan a bayana ta yi shiru, na ji jikinta ya yi lakwas.

Na juya. Wata mata ce doguwa, lulluɓe da mayafi ruwan ƙasa, tsaye a tsakiyar layin. Idanunta manya, baƙi wuluk, babu fari ko kaɗan. Hancinta yana motsi.

Na ce, "Makcik," wato inna da yarensu, "sorry, hanya zan wuce."

Ba ta amsa da yaren Malay ba. Da Hausa ta yi raɗa.

"Wanne ne nawa?"

Na durƙusa, na warware ɗan barewar na ajiye. Ya miƙe yana layi ya nufe ta. Zanin goyona ya fara zamewa, sai na fizgi majanyin nan, da ɗumin jikin dabbar da gashinsa, na ɗaure Hanan tamau.

Numfashi mai zafi ya sauka a ƙeyata. Warin ɗanyar ciyawa. Tana shinshina bayana, a hankali, daga kan Hanan har ƙafafunta.

"Wannan ma," in ji ta.

Na zura da gudu ina karanta Ayatul Kursiyyu a birkice. Takalmina ɗaya ya tsaya a taɓo. Ban waiga ba sai da na faɗa hasken shagon mamak, masu shan shayi suna kallona.

Zahraddeen ya ƙona majanyin, ya samo malami daga unguwar Titiwangsa aka yi mana ruƙya. Amma daga ranar Hanan ta ƙi nonona. In na kai mata sai ta kau da kai, kamar ba ta san ni ba. Kwalba ma ta ƙi. Na yi kuka har na gode Allah.

Bayan sati uku muka kai ta asibiti. Likita ta ɗora ta a sikeli, ta yi murmushi ta ce, "Very healthy lah. Me kike ba ta?"

Na ɗauke ta muka dawo gida. A hawa na sha ɗaya muke, ƙofa da sakata. Duk magariba in na idar da salla na juyo, sai in tarar da Hanan tana barci a ƙoshe, nono mai ɗumi yana gangarowa daga gefen bakinta.