Tulun da Mariyatu Ta Cika

Duk mai kallon finafinan barkwanci a Sakkwato ya san fuskar Mariyatu 'yar Ƙofar Marke, amma kaɗan ne suka san sunanta. Ita ce 'yar aikin da ake watsa wa ruwan wanke-wanke, ita ce maƙwabciyar da ke faɗawa kwata a kwashe da dariya. Shekaru tana haka. Ranar da darakta ya miƙa mata takalman wata sabuwar jaruma ya ce ta riƙe har a gama ɗauka, ranar haƙurinta ya ƙare.

Aka kwatanta mata wani boka, Illo, a wani tsohon ramin dutse bayan Kalambaina. Ta je da rana tsaka, amma cikin bukkarsa duhu ne da sanyi kamar rijiya. Busassun kawunan awaki rataye da jan ƙyalle, ƙarnin jini ya cika wurin. A tsakiya akwai baƙin tulu, ƙudaje na kewaya shi ba sa sauka.

Ta ce suna take so, da dukiya.

"Mi za ni biya, Baba?"

"Ba ni son kuɗɗinki. Ki yi dariya cikin tulun ga. In an yi miki dariya waje, gidanku za a ɗebo ta."

"Dariya kawai?"

"Dariya kawai, ɗiyata."

Ta durƙusa ta yi, irin wadda ta saba yi gaban kyamara. Da ta rufe baki, sai ta ji tulun bai daina ba. Illo ya yanka baƙar kaza a kansa, ya ɗaure bakin da ɗanyar fata.

Kafin damina ta fita, Mariyatu ta zama jaruma. Ta sayi mota, ta gina gida a Gidan Dahala, ta kwaso mahaifiyarta Dije, da ƙanenta Habibu, da 'yarta tilo Ummulkhairi.

Da Dije aka fara. Tana kan sallaya dariya ta ƙwace mata, hawaye na zuba, idanunta na roƙon taimako. Ba ci, ba sha, har rai ya fita. A maƙabarta dariyar ta kama Habibu, sai da aka ɗaure shi da igiya, kuma bai sake gane kowa ba. Mariyatu ta san dalili, amma sabon fim ɗinta na gab da fita, ta ci gaba da harkarta.

Da safen da Ummulkhairi ta fara ƙyalƙyala tana riƙe ciki, Mariyatu ta koma ramin a guje, ta faɗi gaban Illo ta ce ya karɓe komai. Ya ce abin da aka ɗeba ba ya komawa. Ta rarumi dutse ta fasa tulun. Muryar uwarta ta fito daga ciki, da ta Habibu, sannan wata 'yar siririya.

Ta iso gida ta tarar an rufe yarinyar da zane. Ta buɗe baki za ta yi kuka, dariya ta fito.

Yau tana wani ɗaki a ƙauyen dangi, ƙafarta a mari, muryarta ta dushe. An sayar da gidan, ba wanda ya iya zama cikinsa. Ku ji tsoron Allah, masu gaggawar ɗaukaka. Boka ba ya faɗa maka ainihin farashin da za ka biya, kuma ba kai kaɗai za ka biya ba.