Yatsun da Ruwan Wanki Ya Cinye

Kumfa suke kiranta a shagon wankin Baffanta, domin tun ranar da aka binne mahaifinta hannunta bai ƙara bushewa ba. Daga makaranta sai baho, littafi jingine da bokiti, tana karatu tana cuɗa wuyan rigunan mutane. Burinta ɗaya a duniya, ta zauna jarrabawar shiga makarantar likitanci. Wayyo baiwar Allah! Ranar tantancewa ta ɗora babban yatsanta a kan na'ura, na'ura ta ƙi. Ta goge a zani ta sake... ta ƙi. Sabulu da sinadarin wanki sun cinye zanen yatsun tas, sun bar su sumul kamar bayan cokali. Hukumar jarrabawa ta ce sojan gona ce, aka soke sunanta.

"Likitar kumfa ta dawo!" in ji Baffa, yana dariya har da riƙe ciki. "Ga marasa lafiyarki can a baho, tun safe suke jiranki."

Tana guga tana kuka wata lauya da ke kawo wanki ta tarar da ita, hawaye na ɗiga a kan baƙar rigar da take gogewa. Da ta ji labari sai ta ce, "Share hawayenki, 'yata, kotu za mu." Jarrabawa ta matso, abin da ake nema kawai Baffa ya shaida irin aikin da yarinyar ke yi. Amma ina! In ta tafi karatu, wa zai riƙa yi masa bauta a banza? Mutumin nan ya miƙe gaban alƙali, ya rantse ko idonsa bai ƙifta ba.

"Ranka ya daɗe, ko ɗankwali ban taɓa sa ta wanke ba. Kamar ƙwai nake riƙe da ita."

Kumfa ta zabura ta miƙe. "Baffa... ƙanin ubana ne kai fa! Ya Allah, kai ne shaidata!"

Lauyar ba ta yi dogon bayani ba, ta roƙi kotu su biyun su shimfiɗa hannuwansu a kan tebur. Na Baffa, mai shagon wanki guda, ga su luƙui-luƙui har da zobe. Na Kumfa kuwa fata ta saɓule, farata sun zaizaye, tsakanin yatsu duk tsaga ce ja wur. Alƙali ya cire tabarau ya daɗe yana kallo.

"To wa ke wankin shagon naka?"

Baffa ya janye hannuwansa ya ɓoye a ƙarƙashin tebur.

Aka umarci hukumar ta tantance ta da fuska ta mayar da sunanta, shi kuma aka tsare shi kan shaidar zur. Kumfa ta zauna jarrabawa, biro na zame mata a yatsu, ta kuma ci.

Da Baffa ya fito, ba wanda ya yarda ya yi masa aiki, dole ya naɗe hannun riga da kansa. Ranar da za ta tafi makaranta ta same shi durƙushe a gaban baho, yana hura yatsunsa da suka fara tsagewa.

"'Yata... ashe haka yake da zafi?"

Ta ajiye masa ragowar man da take shafa wa yatsunta a bakin bahon. "Bai ma fara ba, Baffa," ta ce, ta ɗauki jakarta.